Zaman Ƙwarya Biyu: yadda marubuci zai ƙaga al'adar da mutum ke haɗuwa da kansa na wata duniya

Duk gidan da mutum ya shiga a ƙasar Adar, yankin Tawa a Nijar, zai tarar akwai wanda ya tafi biɗa, akwai kuma wanda ya zauna tsaron gida da gona, kuma da wuya a sami ɗaya daga cikin biyun da bai taɓa kwanciya da dare yana lissafin yadda rayuwarsa za ta kasance da a ce ya ɗauki hanyar ɗan'uwansa ba. Wanda ke yawon talla a titunan Abijan yana tuna gonar geron da ya bari a bayan Illela, shi kuwa wanda ke noma gonar yana kallon motocin da ke fita daga tashar Tawa bayan kaka, zuciyarsa na bin su. Daga wannan tunani ne nake ganin marubutanmu za su iya gina irin labarin da matasa ke sha'awa a yanzu, wato labarin mutumin da ya yi ido biyu da kansa na wata duniya, duniyar da ke tafiya gefe da gefe da tamu amma aka yi wani zaɓi dabam a cikinta.

Matasa da dama sun kawo mini irin wannan labari in duba musu, kuma kusan dukansu wuri ɗaya suke tuntuɓe, wato hanyar da jarumi zai bi ya isa ga ɗayan nasa. Wasu sukan ajiye wata na'ura mai fitilu a tsakiyar labari, irin wadda suka gani a finafinan waje, alhali babu mai karatu a unguwar Bilbis ko ta Kufan Tawa da zai yarda an ƙera ta a bayan gidansu. Wasu kuma sukan ce ai mafarki ne, su kashe labarin da hannunsu, domin abin da aka farka daga gare shi ba ya barin tabo. Shawarata ita ce marubuci ya ƙaga al'ada sukutum, da kayanta da lokacinta da sharuɗɗanta da abin da ake biya. Zan bi matakan da misalin wata da na ƙaga da kaina, na sa mata suna Zaman Ƙwarya Biyu. Ina so a fahimta tun daga farko cewa ƙirƙira ce tsantsa: ba a taɓa yin ta a Adar ko a wani wuri ba, ba ta buɗe ƙofar komai, kuma muhallinta takarda ne, ko dandalin wasan kwaikwayo, ko gidan rediyo.

Kafin a ɗauki alƙalami, yana da kyau marubuci ya san inda zancen duniyoyi masu yawa ya samo asali a ilimin zamani, don kada ya jingina wa kimiyya abin da ba ta faɗa ba. A shekarar 1957 wani ɗalibin digiri na uku a jami'ar Firinston ta Amurka, Hugh Everett, ya kawo wata fassara ta ilimin kwantam, ilimin da ke nazarin halin ƙwayoyin da suka fi ƙura ƙanƙanta nesa ba kusa ba. A lissafin wannan ilimi, ƙwaya ɗaya tana iya kasancewa cikin hali fiye da ɗaya kafin a auna ta, amma da zarar an auna sai a ga sakamako guda. Everett ya ce sauran sakamakon ba su ɓace ba, kowanne ya faru a nasa reshe, kuma shi kansa mai awon ya rabu tare da su. Bryce DeWitt ne ya yayata wannan ra'ayi wajen 1970, kuma ta hannunsa sunan duniyoyi masu yawa ya bazu. Masana ba su haɗu a kan wannan fassara ba, ɗaya ce cikin fassarori da dama, sannan ko waɗanda suka yarda da ita suna cewa rassan ba sa jin juna, ba a aika saƙo daga wani zuwa wani. Ke nan gadar da jarumi zai taka ya ƙetare aikin marubuci ce shi kaɗai, shi ya sa ya zama dole ya gina ta da kyau.

Akwai kuma abin da mai karatu Musulmi zai zo da shi a zuciyarsa, kuma ban ga amfanin marubuci ya yi kamar bai sani ba. Mun taso muna jin hadisin da Imam Muslim ya ruwaito, inda aka hana mutum, idan wani abu ya same shi, ya ce da na yi kaza da kaza ta faru, aka umarce shi ya ce Allah ne ya ƙaddara kuma abin da ya so shi ya aikata, domin kalmar "da" tana buɗe aikin Shaiɗan. Hausawa ma sun ce da-na-sani ƙeya ce, a baya take. Labarin haɗuwa da kai na wata duniya kuwa gaba ɗayansa a kan wannan "da" ɗin aka kafa shi. A ganina wannan bai hana rubuta shi ba, sai dai ya nuna wa marubuci inda nauyin labarin yake. Jarumin da ya yi wannan zama mutum ne da "da" ta riga ta ci shi, kuma dole a sami wani a cikin labarin, mai hankali wanda ake ganin girmansa, da zai faɗa masa haka ƙarara tun kafin ya fara. Kada a mai da wannan mai gargaɗi jahili ko abin dariya. A ba shi hujja mai ƙarfi, har mai karatu ya shiga fargabar cewa watakila shi ne mai gaskiya.

Daga nan sharaɗin farko na ginin ya fito: kada a ɗauki komai daga abin da mutane ke ibada da shi ko suke tsoronsa da gaske. Ba a sa aya, ba a sa addu'ar da aka sani, ba a ari hatimi, ba a kwaikwayi kirarin bori ko kiɗan gogen da ake kiran iskoki da shi, ko da yake Adar ta san waɗannan abubuwa sarai kuma sun fi kusa da hannu. Na yi wannan kuskure a rubutuna na farko, inda na sa wa jarumi kalmomin da suka yi kama da wata addu'a, kuma da na karanta wa wani dattijo mai ilimi sai ya tsayar da ni ya ce: "Ɗana, wannan akwai yaron da zai gwada." Na goge shafin a ranar. Kayan al'adar da za a ƙaga su fito daga madafa da gona da tsakar gida, abubuwan da kowa ke taɓawa kullum ba tare da ya ji komai ba, domin su ne ke tayar da tsikar jiki idan suka yi abin da ba a saba ba.

Matakin da ya fi kowanne nauyi shi ne zaɓen mararraba, wato ranar da rayuwar jarumi ta rabu biyu. Ta kasance rana ɗaya, sa'a ɗaya, da aiki ɗaya ƙarami wanda ido zai iya gani, kamar sauka daga mota ko zama a cikinta. Idan marubuci ya ce kawai a can duniyar jarumi attajiri ne, a nan kuma talaka, bai ba mu komai ba, domin ba mu san inda hanyar ta karkace ba. Tarihin wannan yanki cike yake da shekarun da suka tilasta wa mutane irin wannan zaɓi: farin 1973 da 1974, shekarar 1984 da fari ya haɗu da rufe iyakar Najeriya, wadda kuma a cikinta aka fara aikin farfaɗo da ƙasa na Keita, watan Janairun 1994 da aka rage darajar kuɗin sefa da rabi, rikicin Kwadibuwa na 2002, da yaƙin Libiya na 2011 da ya koro ƴan biɗa da yawa gida hannu rabbana. Marubucin da ya ɗaure mararrabarsa a ɗaya daga cikin waɗannan ya sami mai karatun da zai ce lalle, a shekarar nan ne yayana ya tafi.

A nawa misalin, jarumin auta ne a ɗakinsu, kuma da Auta kowa ke kiran sa. A ƙarshen 2004, bayan fara da ƙarancin ruwa sun cinye amfanin gona, abin da ya jawo yunwar 2005, yana zaune cikin mota a tasha da kuɗin tunkiyar da aka sayar masa, sai ga yaro a guje ya ce Inna ta faɗi. A duniyarmu ya sauko. Ya yi jinyarta da hannunsa, amma babu kuɗin magani, ta rasu kafin damina ta kankama. Daga baya ya yi aure, ya haifi ɗiya, ya sa mata sunan Inna. A ɗaya duniyar bai sauko ba, ya ce in ya isa zai aiko, kuma ya aiko ɗin, kuɗin suka kai ta asibiti ta warke, tana nan da ranta har yau, sai dai ta tsufa ba ta gan shi ba face sau ƙalilan, shi kuma bai taɓa ajiye iyali ba. A lura da yadda aka raba kayan: kowannensu yana riƙe da abin da ɗayan zai ba da komai don ya samu, kuma babu wanda za a nuna da yatsa a ce shi ne ya yi laifi. Wannan daidaito shi ne ƙashin bayan labarin. Da zarar an mai da na can mugu, mai jajayen idanu da ke son ƙwace rayuwar jarumi, labarin ya koma faɗan mutum da dodo, wanda tatsuniya ta riga ta yi tun tuni kuma ta fi mu iyawa. Mace ma tana da nata mararraba da ba su ƙirguwa, kamar ranar da aka cire ta daga lakwal saboda aure, ko ranar da ta ɗauki kayanta ta yi yaji, ko ta ajiye su ta haƙura.

Siffar al'adar kanta ba ta buƙatar dogon bincike. Masanin al'adu Arnold van Gennep ya nuna tun 1909 cewa al'adun sauya matsayi a wurare da yawa na duniya suna bin hawa uku: a raba mutum da jama'a, a tsare shi a tsakani, sannan a mayar da shi cikin mutane da sabon matsayi. Mu ma mun san wannan a gida, domin haka amarya ke bi daga kamu zuwa zaman lalle zuwa buɗar kai, haka kuma mai takaba ke yin wata huɗu da kwana goma kafin ta fita. Mai karatu ya san wannan tafiya a jikinsa, don haka idan al'adar da aka ƙaga ta bi ta, zai yarda da ita ba tare da ya san dalili ba.

Zaman Ƙwarya Biyu yana farawa da shuka. Mai nema zai shuka duma da hannunsa a farkon damina, ya kula da shi har ya nuna, ya bar shi ya bushe, sannan a cikin hunturu ya yanka shi biyu ya kankare, ya sami ƙwarya biyu daga uwa ɗaya, waɗanda bakinsu ke haɗuwa daidai idan aka kifa ɗaya a kan ɗaya. Na zaɓi duma ne saboda ya riga ya faɗi labarin ba sai marubuci ya yi bayani ba, kuma saboda yana cin lokaci. Al'adar da ake gamawa cikin dare ɗaya kowa zai iya faɗawa cikinta bisa kuskure, amma wadda ke cin watanni bakwai ko takwas tana nuna cewa mutumin ya yi niyya, an gargaɗe shi, ya sami damar fasawa sau ɗari bai fasa ba. Waɗannan watanni kuma su ne rabin littafin, domin a cikinsu matarsa za ta ga yana ban-ruwa ga duman da ba ta san amfaninsa ba, ta fara tambaya.

Daga nan zai kai ƙwarya ɗaya wurin da mararrabar ta faru, ya ajiye ta a buɗe dare uku. Idan ya dawo a safiya ta uku ya tarar da ruwa a cikinta, a tsakiyar rani da ba a ga ko ɗigon sama ba, to na can ya amsa. Wannan shi ne sharaɗin da na fi so a duk ginin: zaman ba ya yiwuwa sai idan shi ma ɗayan yana nema, shi ma ya shuka nasa duman, shi ma ya kwana uku yana jira. Jarumi ya daɗe yana zaton na can ya huta, ya dace, ba shi da abin nadama. Ruwan da ya gani a ƙwarya shi ne abu na farko da ya rusa wannan zato, tun kafin su haɗu.

Wurin zaman ya kasance kufai ko ɗakin da aka daina kwana, kuma a misalina ɗakin Inna ne da aka rufe tun rasuwarta. Lokaci kuwa daren hunturu mai hazo, a ƙarshen wata da babu farin wata, daga bayan lisha zuwa carar zakara ta farko. Ana shimfiɗa tabarmar kaba biyu suna fuskantar juna, a ja layin toka a tsakaninsu, a ajiye fitilar aci-balbal a kan layin, kowace tabarma da ƙwaryarta a gaba. Kayan ke nan, kuma ina ba da shawara kada a ƙara, domin duk abin da aka shigo da shi ɗakin dole ya yi aiki kafin a fita.

Ba a yin zaman ba tare da mai tsaron ƙofa ba, kuma ya zama wanda ya san jarumi tun yana goye. A nan Gwaggo ce, ƙanwar mahaifinsa, wadda ta yi masa gargaɗi har ta gaji, sannan ta yarda ta zauna don ta san in ba ta zauna ba zai nemi wani. Tana zama a waje, ta ba ƙofa baya, ba ta waiwaye komai ta ji. Aikinta shi ne ta tabbatar wanda ya fito da asuba shi ne wanda ya shiga. A nan marubuta da yawa za su so su ce ta kira shi da sunan ƙuruciya, amma wannan ba zai yi ba, domin su biyun yaro ɗaya ne har zuwa ranar tasha, sunansu ɗaya, tabon faɗuwa daga jaki ɗaya, duk wani sirrin ƙuruciya nasu ne tare. Tambayar Gwaggo dole ta fito daga bayan mararraba. Saboda haka kafin ya shiga takan ce masa: "Auta, in ka fito zan tambaye ka abin da Innarka ta faɗa maka daren da za ta cika. In ba ka sani ba, ba zan buɗe maka gidan nan ba."

Shigar kanta a rubuta ta a sauƙaƙe, ba tsawa ba walƙiya. Yana duban ruwan ƙwarya har harshen fitila ya zama biyu a cikinsa, ya ɗaga kai, tabarma ta biyu da mutum a kai. A ba mai karatu bambanci biyu ko uku da jiki ke faɗa: hannun wannan ya yi kanta, na wancan sumul, wancan ya yi ƙiba, yana da agogo, Hausarsa ta gauraye da Faransanci da Julanci, wannan ya fi shi furfura ko da yake ranar haihuwarsu ɗaya.

Inda ya kamata a dakata a zauna sosai shi ne gaisuwa, domin a nan Hausa ta ba mu abin da ba kowane harshe ke da shi ba. Wa zai fara sallama, alhali kowannensu yana ganin shi ne mai gida, ɗayan ne baƙo? Da wane suna za su kira juna, tun da mutum ba ya kiran sunansa? A nawa rubutun sun daɗe shiru, sannan suka daidaita a kan "na gida" da "na biɗa". Daga nan al'ada ta ja su, domin Bahaushe ba ya shiga magana bai gaisa ba: ina wuni, ina gajiya, ina sanyi, ina gida. Kowace tambaya amsarta lafiya lau, ko da ba lafiyar. Sai na gida ya ce, da muryar da ba ta fita sosai, "Ina Inna?" Na biɗa ya ce, "Tana lafiya, jiya ma mun yi waya." Shi kuma ya mayar, kamar yadda gaisuwa ta tanada, "Ina taka Innar?" Na gida ya buɗe baki zai ce lafiya lau, kalmar ta ƙi fita. Marubucin da ya riƙe wannan wuri da kyau ba ya buƙatar wani abin tsoro a duk babin.

Bayan gaisuwa, kowannensu yana da tambaya uku, kuma kowace tambaya ana biyan ta da tunawa ɗaya daga rayuwar bayan mararraba. Mai tambaya zai zaɓi abin da zai bayar, ya faɗe shi da baki dalla-dalla, kuma da ya gama faɗa abin ya bar shi ya koma wurin ɗayan, ya zama nasa kamar shi ya rayu da shi. Dalilin da ya sa na ce a haɗa biya da tunawa shi ne yana ɗaure dukan sassan al'adar wuri ɗaya. Na biɗa bai taɓa riƙe jaririyarsa ba, don haka abin da yake kwaɗayi shi ne ranar suna. Na gida kuma yana son muryar Inna a tsufanta, da dariyarta a waya. Ciniki ne da kowa ke son yi, kuma kowane ciniki yana rage mutum. Sannan ga tambayar Gwaggo tana jira a ƙofa: abin da na biɗa ya fi so duka shi ne kalmomin Inna na ƙarshe, domin yana tsoron ranar da tasa za ta cika ba ya kusa, kuma idan na gida ya bayar da su, ya sayar da mabuɗin komawarsa. Kada marubuci ya bayyana wannan tarko da bakinsa. Mai karatu zai gano shi kafin jarumi, kuma wannan ganowar ce za ta hana shi ajiye littafin.

Dole a yi faɗa. Mutum biyu da suka shekara ashirin kowanne yana ɗora wa ɗayan abin da ya rasa ba za su rabu da fara'a kawai ba. Na biɗa zai ce, "Ka zauna kana kallo ta mutu, alhali kuɗin mota na aljihunka." Na gida zai ce, "Kai kuma ka saye ta da kuɗi ka bar ta tana ƙirga watanni a bakin ƙofa." A bar kowace magana ta yi zafi kuma ta kasance da gaskiya a cikinta, kada a bari ɗaya ya kayar da ɗaya. Abin da ya fi yi musu ciwo shi ne kowannensu ya san inda zai soka, tun da raunin ɗaya ne.

Sharaɗi na ƙarshe shi ne ruwa: wanda ya sha daga ƙwaryar ɗayan, sun yi musanyar wuri har abada. A ƙasar da ba a barin baƙo ya zauna ba a miƙa masa ruwa ba, kuma ƙin karɓa cin fuska ne, wannan sharaɗi yana da nauyin da ba sai an ƙara masa gishiri ba. Gab da asuba, bayan kuka ya busar musu da maƙogwaro, ɗayansu zai tura ƙwaryarsa ta ƙetare layin toka ya ce bisimilla. Ko da niyya ya yi, ko tarbiyya ce ta motsa hannunsa, wannan a bar wa mai karatu. Abin da jarumi zai yi da ƙwaryar nan kuwa na marubuci ne ya yanke, kuma kowace amsa tana iya zama daidai idan an shirya mata tun daga farkon littafi.

Da zakara ya yi cara, ana kife ƙwarya, fitila ta koma harshe ɗaya, ya ƙwanƙwasa ƙofa ya amsa tambayar Gwaggo. Ita ce za ta fasa ƙwaryar biyu da taɓarya a gabansa, domin sau ɗaya ake zaman a rayuwa, kuma ba a ɗauke shi ya dawo ba sai ya ci tuwo kwano ɗaya da mutanen gida. Abin da ya biya kuma kada a sanar da shi a wannan safiya. A jira babi ɗaya ko biyu, sai ɗiyarsa ta rera waƙar da shi ya koya mata, ya tambaye ta wa ya koya mata, matarsa ta ajiye ludayi ta dube shi.

Idan an gama rubutu, a fitar da sharuɗɗan a takarda guda a ƙirga su. In sun wuce shida, a rage. A tabbatar mai karatu ya ji kowanne kafin daren zaman, daga bakin wanda ya koya wa jarumi, kuma kada marubuci ya karya ko ɗaya don ya kuɓutar da jaruminsa daga inda ya maƙale. Gwajin da na fi yarda da shi shi ne a karanta babin da babbar murya a fada, wato majalisar hirar samari, ana dafa shayi, a saurari inda wani zai katse ya ce, "To me ya hana shi ya rubuta maganar Inna a takarda kafin ya shiga?" Irin wannan tambaya rami ce a ginin, kuma dole a toshe ta da sharaɗi tun a babin farko, misali a ce abin da aka biya yana gogewa har daga takarda, ko kuma Gwaggo ta caje shi a ƙofa.

Masu son kai shi dandali za su iya sa ƴan wasa biyu masu tsayi ɗaya da rawani iri ɗaya, a rage haske ya zama na fitila kawai. A rediyo kuwa murya ɗaya ta isa, a bambanta su da karin harshe. Sai dai shugaban wasa ya kula da mutanensa. Likitocin ƙwaƙwalwa irin su Jacob Moreno da Fritz Perls sun yi amfani da kujerar da ba kowa a kanta, suna sa mutum ya yi magana da wanda ba ya nan ko da wani ɓangare na kansa, domin sun ga yadda hakan ke fito da abin da ke binne a zuciya. Tabarma ta biyu tana iya yin wannan aiki ko da ba a nufa ba. Kada a ba da matsayin Auta ga wanda ya yi rashi kwanan nan ko wanda nasa ya tafi biɗa aka daina jin ɗuriyarsa, kuma idan ɗan wasa ya kasa ci gaba a wurin gaisuwa lokacin gwaji, a kunna fitilu, a naɗe tabarmi, a ɗage zuwa gobe.